Littafin aiki: neman tsofaffin hotunan hawan Sallar Katsina

Litinin, 4 ga Nuwamba 2024

Yau muka ƙulla magana da furodusa. Shirin talabijin ne na minti 50 a kan hawan Sallah a Katsina, tun daga zamanin Sarki Usman Nagogo, wanda ya hau karaga a 1944, har zuwa rasuwar Sarki Muhammadu Kabir Usman a 2008. Hira da dattawa da ɗaukar fada aikin wasu ne. Nawa shi ne in nemo tsofaffin hotuna masu motsi, in gyara su, in miƙa wa mai tace hoto abin da bai gaza minti 15 ba. Sharaɗin da na gindaya wa kaina kuwa, duk hoton da zan miƙa sai na iya faɗin inda aka ɗauke shi, da shekarar, da mai shi, da su wane ne a ciki.

Na buɗe wannan littafi ne saboda abin da ya same ni a aikin baya. Kaset-kaset suka taru a ɗakina har na kasa tuna wane ya fito daga hannun wa, na sha kunya wajen mayarwa. Bana komai zai shiga rubutu.

Hanyoyi uku nake hange. Akwai ɗakunan ajiyar ma'aikatu da gidajen talabijin, akwai rumbunan ƙasashen waje, sai kuma gidajen mutane, inda zuciyata ta fi karkata.

Laraba, 13 ga Nuwamba

Kwana uku ina zirga-zirga kafin a buɗe mini ɗakin ajiyar wata ma'aikata. Mai mabuɗi ya yi tafiya, mai sa hannu yana taro, haka dai. Da aka buɗe sai na iske kaset ɗin U-matic, irin manyan nan da kamfanin Sony ya fito da su a 1971, jibge a kan siminti. Rufin ɗakin ya taɓa yoyo, na ƙasa duk sun yi fumfuna fari fat, gara kuma ta cinye kwalayen.

Na tsinci 23 da aka rubuta hawan Sallah ko hawan bariki a jikinsu, aka yarda in ɗauka aro da takarda. Wani tsohon ma'aikaci da ya taya ni kwashewa ya ce kada in yarda da rubutun jikin kaset. A lokacinsu kaset tsada gare shi, idan aiki ya taso babu sabo, sai a zaro na kan kanta a naɗi sabon abu a kai, ba wanda ke damuwa da sauya takardar. Ya faɗi haka yana kallon ƙasa. Ban ga laifinsa shi kaɗai ba, abin da aka ba su ke nan su yi aiki da shi, amma raina ya ɓaci ƙwarai. An fara talabijin a Kaduna tun 1962, an ƙirƙiro jihar Katsina a 1987, kuma kowace Sallah akwai kyamara a Ƙofar Soro, ƙofar fadar Sarkin Katsina. Ina duk wannan ya tafi?

Talata, 26 ga Nuwamba

Gwaggona ce ta yi mini hanya. Ta ce akwai ƙawarta a cikin gari, mijinta marigayi ma'aikacin gwamnati ne da ya yi kwas a Ingila, ya dawo da ƙaramar kyamara, ba Sallar da ba ya ɗauka.

Na je bayan la'asar, na durƙusa daga bakin ƙofa na gaishe ta.

"Kai ne ɗan nan mai neman majigi?"

"Ni ne, Hajiya."

"To shigo. Kayan suna nan yadda ya bar su, ban taɓa buɗewa ba. Ni mi zan yi da su?"

Ta sa jikanta ya jawo wani akwatin ƙarfe daga ƙarƙashin gado. Ana ɗaga murfin wari ya buge ni, tsami-tsami kamar an zubar da ruwan khal. Gabana ya faɗi, don na san warin nan. Fim ɗin da aka yi da sinadarin asitet, idan zafi da laima suka daɗe suna dukansa, sai ya fara ruɓewa yana fitar da tsami. Tsamin nan kuma shi ke ƙara hanzarta ruɓewar, har ya kama na kusa da shi. Fim ɗin ya tsuke, ya lanƙwashe, daga ƙarshe ya riƙa karyewa a hannu. Ba a warkar da shi, sai dai a rage masa gudu a kwafe abin da ke ciki tun da sauran dama.

A cikin akwatin akwai ƙananan faifan Super 8 guda 31, yawancinsu cikin kwalayensu masu ruwan ɗorawa na Kodak, sai gwangwani huɗu na fim mai faɗin milimita 16, murfinsu ya yi tsatsa. Na bi su da hanci ɗaya bayan ɗaya. Warin daga gwangwanayen yake. An naɗe komai a cikin wani tsohon rawani, a ƙasa kuma ga ɗan littafin aljihu da marigayin ya rubuta wasu abubuwa da fensir, rabi da boko rabi da ajami.

Hajiya ta ce in tafi da su, amma amana ce. Na ƙirga su a gabanta, na rubuta, jikanta ya sa hannu a matsayin shaida.

Asabar, 7 ga Disamba

Hunturu ya kankama, ƙura ta zama abokiyar gaba. Na toshe tagogin ɗakin aiki da leda, na shimfiɗa farin ƙyalle a kan tebur, ba na taɓa fim sai da safar hannu ta auduga.

Na raba gwangwanayen nan da sauran tun daren farko. Wani abokin sana'a ya aiko mini da 'yan takardun gwajin tsami daga Legas. Shuɗaye ne, ana jefa guda a cikin gwangwani a rufe, gobe a duba. Idan ta zauna shuɗiya lafiya lau, idan ta koma kore ciwo ya fara, idan ta yi ɗorawa abin ya yi nisa. Biyu sun ba da kore. Ɗaya ɗorawa. Na huɗun ma bai buƙaci gwaji ba, ya manne ya zama dunƙule, na gwada ɗaga bakinsa ya ɓalle kamar busasshen ganye. Na rufe shi na ajiye gefe.

Ƙananan faifan kuwa alhamdu lillahi. Kodachrome ne, irin da launinsa ke jure shekaru idan yana cikin duhu. Na warware kamu ɗaya na ɗaga wa fitila, na duba da madubin ƙara girma: ga jar rigar dogari da korenta, kamar jiya aka rina. Kowane faifai ƙafa 50 ne, wato minti uku da 'yan sakanni a kan gudun hoto 18 a sakan guda. Jimla sama da awa ɗaya da rabi ke nan.

Jikan Hajiya ya kira ni yana cewa ya gano na'urar haskawar kakansa, ko in zo mu kalla. Na roƙe shi kada ya jona ta. Irin wannan fim shi ne ainihin wanda ya zauna a cikin kyamara, aka aika waje aka wanke aka dawo da shi, ba shi da na biyu. Fim ɗin da ya tsuke ramukan gefensa ba sa dacewa da haƙoran na'ura, sai ta yage shi.

Alhamis, 19 ga Disamba

Makon kaset. Na samo na'urar U-matic a wajen wani mai ɗaukar biki da ya daina sana'a, wani dattijo mai gyaran rediyo a bakin kasuwa ya sauya mata robobin da suka narke, ya goge mata kai da sifirit. Yanzu irin waɗannan na'urori sun fi kaset wuyar samu. Ko ta VHS da kowane gida ya sani, an daina ƙera ta tun 2016.

Kaset na farko da na saka, ko minti biyu bai yi ba hoto ya dusashe, na'ura ta fara ƙara. Na buɗe na ga baƙin danƙo a kanta. Gam ɗin da ke riƙe garin maganaɗisu a jikin zaren ne ya sha laima ya saki. Maganinsa gashi: a sa kaset a cikin na'urar busar da 'ya'yan itace, zafi ya tsaya tsakanin digiri 50 da 55, ya kwana ya wuni, a bar shi ya huce, sannan a kwafe cikin 'yan kwanaki kafin danƙon ya dawo. Wannan na kaset ne kawai, fim ba a kai shi kusa da zafi. Masu fumfuna kuma sai an goge su tukuna, a waje, da takunkumi a hanci.

Maganar tsohon ma'aikacin nan ta tabbata. Cikin 23, goma sha huɗu an naɗi wani abu a kai: jawabai, ƙaddamar da rijiya, rabon taki. Akwai wanda aka rubuta hawan Sallah 1983 a jikinsa, na zauna ina kallon taro har ya ƙare, sai a can ƙarshe hoto ya yi rawa, ga 'yan lifidi sun bayyana suna tahowa, sakan 40 kacal, kaset ya ƙare. Na maimaita sakan 40 ɗin nan ya fi sau goma. Abin da ya tsira ke nan daga hawan wannan shekarar, aƙalla a wannan ɗaki.

Shida sun fito da kyau. Uku sun ƙi.

Laraba, 8 ga Janairu 2025

Wuta ta ɗauke ana tsakiyar kwafe, aikin awa guda ya tashi a banza. Na sayi batir da inbata daga kuɗin aikin. Na kuma tsayar da doka: kowane kaset a kwafe shi cikakke da tsarin FFV1, wanda ba ya zubar da komai daga hoton, a ajiye a wuri uku, ɗaya ba a gidan nan ba. Gyara a kan kwafi ake yi, ba a taɓa na asali.

Faifan Hajiya sun tafi Legas a hannun ƙanena, wajen mai na'urar da ke ɗaukar fim hoto bayan hoto ba tare da haƙora ba. Ban yarda in ba direban mota ba.

Talata, 21 ga Janairu

Rumbunan waje. Turawa sun ɗauki ƙasar nan da yawa. Hukumar finafinan mulkin mallaka da aka kafa a 1939 ita ce uwar majigin da iyayenmu suka kalla a filin gari, ga kuma masu labaran silima da suka biyo manyan taruka irin hawan daba da aka yi wa Sarauniyar Ingila a Kaduna a 1956. Yawancin abin da suka ɗauka yana can a wajensu cikin ɗakuna masu sanyi, kuma gaskiya sun adana shi.

Na sami guntu mai minti biyu, baƙi da fari, a wajen wani kamfani a Landan. A kundinsu an rubuta Kano. Kallo ɗaya na yi na ga Ƙofar Soro ce. Na rubuta musu, suka amsa cikin ladabi, suka turo farashi: da sakan ake biya, da fam, kuma kuɗin ya danganta da ƙasashen da za a nuna shirin da yawan shekarun. Da na juya shi zuwa naira na ga sakan 30 zai cinye kusan duk abin da aka ware mini. Kakanninmu ne a kan dawakinsu a ƙofar fadarsu, mu ne za mu gaya wa mai rumbu sunan garin, mu ne kuma za mu biya. Na san adanawa kuɗi take ci, kuma da a ɗakin nan mai yoyo aka bar shi da babu shi yau. Duk da haka abin ya tsaya mini a wuya. Na nemi ragi a kan cewa zan ba su cikakken bayanin abin da ke cikin hoton.

Akwai abin da ke ƙarfafa mini gwiwa. Fim ɗin Shaihu Umar na 1976, wanda Adamu Halilu ya ba da umarni, an ɗauka ya ɓace, sai aka gano shi a 2016 a cikin kayan Hukumar Finafinai ta Najeriya, aka gyara shi a Jamus, aka nuna shi a bikin finafinai na Balin a 2018. Na rubuta wa ma'adanar hukumar da ke Jos, ina jiran amsa.

Alhamis, 6 ga Fabrairu

Kwafin Legas ya iso. Na kulle ƙofa na kalla tun daga farko har ƙarshe. Marigayin yana da hannu, ba ya girgiza kyamara, kuma ba sarakuna kaɗai yake bi ba. Ya ɗauki masu kakaki suna gyara tsayuwa, yaro yana shayar da doki a bokiti, mata a kan katanga, mai algaita kumatunsa kamar za su fashe. Babu sauti ko kaɗan.

Littafinsa bai ba da shekara ba sai a faifai tara. Sauran sai bincike. Abin da ya fi taimakona mota ce. Najeriya ta koma tuƙi a hannun dama ranar 2 ga Afrilu 1972, don haka duk inda na ga motoci suna bin hagu na san kafin nan ne. Super 8 kuma bai fito ba sai 1965. Akwai kuma 'yan alamomin da Kodak ke bugawa a gefen fim masu nuna shekarar da aka ƙera shi, sai dai shekarar ƙira daban, ranar ɗauka daban, fim yana iya kwana biyu a kanti.

Asabar, 15 ga Fabrairu

Wannan ita ce ranar da ta fi kowace tun da na fara. Na ɗauki kwamfuta da babban allo na kai zauren wani dattijo da ya yi zagi tun yana saurayi, ya gayyato abokansa uku. Na kunna rakoda na ajiye a tsakiya.

Da farko shiru suka yi. Can sai mai zauren ya miƙa sanda.

"Tsaya, yaro. Koma baya kaɗan. Wannan akawal ɗin na san shi."

Dokin ya fara ganewa kafin mahayin. Ya faɗi bargar da yake, da halinsa, wai ba ya son ƙarar bindiga sai an riƙe shi mutum biyu. Daga doki ya gano mai shi, daga mai shi ya gano tawagar. Daga nan zaure ya kaure. Ga mutanen Ƙaura daga Rimi, ga na Durɓi daga Mani, ga na Yandaka daga Dutsin-Ma, ga na Galadima daga Malumfashi. Ni duk rawani nake gani, su kuwa naɗin kowa da kayan dokinsa suna gaya musu daga ina ya fito. Faifan minti uku sai da ya ci mana kusan awa guda.

A wani wuri biyu suka yi gardama a kan wani mahayi da ya zo jahi, wannan ya ce wane ne, wancan ya ce a'a ƙanensa ne, ai shi wane a lokacin ya karye a ƙafa. Ban raba musu ba. Na rubuta duka biyun da sunan wanda ya faɗa.

Faifai na 17 na tafiya sai mai zauren ya girgiza kai.

"Wannan ba garin nan ba ne. Daura ce. Ga Sarki Bashar nan da ƙuruciyarsa."

Ni kuwa na riga na rubuta Katsina a kansa. Da haka zai shiga talabijin.

Asabar, 22 ga Fabrairu

Na je Daura da faifai na 17. Dattawa biyu suka tabbatar, suka ƙara da cewa hawan Sallar Gani ne. Sarki Muhammadu Bashar ya hau a 1966, motoci a hoton suna bin hagu, ke nan tsakanin 1966 da 1971. A waɗannan shekarun Gani ta faɗo ne daga farkon Yuli tana ja baya zuwa farkon Mayu. Ƙasa a hoton busasshiya ce ƙayau, ba ɗigon kore, don haka na fi karkata ga shekarun ƙarshe. Na rubuta "wajen 1969 zuwa 1971" ban ƙara ba.

Ɗayansu ya ga mahaifinsa cikin 'yan bindiga, sakan huɗu. Ya ce in tsayar. Ya daɗe yana kallo, sannan ya tambaya ko za a iya cire masa a takarda. Na yi alkawari, bayan na nemi izinin Hajiya.

Talata, 11 ga Maris, 11 ga Ramadan

Mun yi sa-in-sa da furodusa, da azumi a bakinmu. Kamfanin Landan ya yi ragi, mun sayi sakan 25. Sai ya turo mini gwajin da wani yaro ya yi masa da manhajar da ke sa wa tsohon hoto launi tana kuma ƙara masa kaifi. Ya ce masu kallo na yanzu ba sa jure baƙi da fari.

Na kalla. Rigunan dogarai sun koma ruwan ƙasa da shuɗi. Dokin da dattijon zaure ya ce bidi ne ya zama ja. Fuskokin da ke nesa, waɗanda a asali ɗigo ne kawai, manhajar ta ƙirƙira musu ido da hanci na mutanen da ba a taɓa haifa ba. Na ce masa, Alhaji, idan wannan ya fita gobe yara za su yanke shi su watsa a WhatsApp, shekara goma nan gaba shi ne zai zama hujja. Cire ƙura da ƙarce, daidaita rawar hoto, mayar da launin da ya koɗe zuwa yadda yake, mayar da gudun fim daidai don kada dawaki su riƙa tsalle kamar fara, duk na yarda kuma ina yi. Ƙara abin da kyamara ba ta gani ba ne ban yarda ba.

Sai maganar faɗin allo. Tsofaffin hotunan kusan murabba'i ne, allon yanzu mai faɗi ne, mai tacewa yana so ya yanke sama da ƙasa ya cike allo. Saman da zai yanke nan laimar sarki take, ƙasan kuma ƙafafun dawaki da zagage.

Mun rabu a kan cewa ba launin ƙarya, ba yanka. Ni kuma na sassauta a kan sauti: za a sa kakaki da tambari da aka naɗa bana a ƙarƙashin hotunan marigayin, amma a rubuta a allo cewa sautin sabo ne.

Litinin, 24 ga Maris

Na kai wa Hajiya ta gani kafin kowa a gidan talabijin. Ta tara 'ya'ya da jikoki bayan shan ruwa. Ana ta sowa har aka zo faifai na 26, wanda ba hawa ba ne, cikin gida ne ranar Sallah: wata matashiya tana raba tuwo a akushi, ta ɗago ta ga kyamara, ta rufe fuska da gefen mayafi tana dariya. Ɗakin ya yi tsit. Ita ce.

Mai tacewa ya riga ya ƙyalla ido a kan wannan wurin, ya ce da shi za a buɗe shirin. Ni ma na so hakan.

"Ɗan nan, wannan ba na talabijin ba ne. Shi ya ɗauka, don kansa ya ɗauka."

"To, Hajiya. An cire."

Na cire shi da faifai uku masu irinsa daga abin da zan miƙa, na goge su daga kwamfutar mai tacewa a gabansa. Na Daura ta ce a ba su, har da hoton takardar.

Laraba, 9 ga Afrilu

An dawo daga hutun Sallah. Na miƙa minti 17 da sakan 10, kowane guntu da takardarsa. Mutum 64 aka ambata da suna ko sarauta, 11 da saɓani a kansu, sauran fuskokin babu wanda ya gane su tukuna.

Na mayar da kaset 23 na karɓi takardata. Faifan Hajiya sun koma cikin sababbin kwalaye, na roƙi a ɗauke su daga ƙarƙashin gado zuwa ɗakin da ya fi sanyi, gwangwanaye masu tsami kuma a ware su daban, tun da zafin bazara ya shigo. Biyu masu kore an kwafe su, mai ɗorawa rabinsa aka samu.

Daga Jos an amsa, an ce in zo da kaina in duba kundi. Mai zauren kuma ya aiko jikansa: akwai wani tsohon maƙerin linzami a Mani da ya girme shi, idonsa da sauran gani, zai iya raba gardamar mahayin jahi. Ranar Asabar zan tafi da allo da rakoda.